Shin Ko Kun San? Baturen da Ya Durƙusa Gaban Mai Shara Ya Koyi Kiɗan Zulu

Shin ko kun san akwai ƙasar da aka taɓa kama yaro ɗan shekara 15 saboda ya je koyon rawa? Ƙasar ita ce Afirka ta Kudu, yaron kuma Johnny Clegg. 'Yan sanda sun same shi a gidajen kwanan leburori Zulu na Johannesburg, inda doka ta ce farar fata ba ya shiga sai da takardar izini. Wannan ne kamun farko, daga baya kuwa abin ya zama jiki.

Shin ko kun san ba a Afirka aka haife shi ba? A garin Bacup na Ingila ya faɗo duniya, ranar 7 ga Yuni, 1953. Mahaifinsa mutumin Ingila ne, mahaifiyarsa Muriel kuwa Bayahudiya ce 'yar Rodeshiya, wato Zimbabuwe ta yau, kuma mawaƙiya ce. Aure ya mutu yana jariri, uwa ta goya ɗanta ta koma gida, daga can suka gangara Johannesburg. Mijin da ta sake aura ɗan jarida ne mai bin labaran aikata laifi, shi ya fara kai yaron unguwannin baƙaƙe. Sun kuma yi ɗan zama a Zambiya, inda ya shiga makarantar da baƙi da fari ke zama aji ɗaya. Da suka dawo, idonsa ya riga ya ga abin da sa'o'insa ba su taɓa gani ba.

Shin ko kun san yadda aka shimfiɗa wariyar launin fata a Afirka ta Kudu? Jam'iyyar Turawan Afrikana ta hau mulki a 1948. A 1950 ta yi dokar da ta rarraba jama'a bisa launi, kowa da rajistarsa, da wata dokar da ta yanka wa kowane launi unguwarsa. A 1953 aka raba benci da bas da ban-ɗaki. Tun kafin nan, dokokin filaye na 1913 da 1936 sun bar wa baƙaƙe, waɗanda su ne mafi rinjaye, abin da bai wuce kashi 13 cikin ɗari na ƙasar kakanninsu ba. Idan jami'i ya rasa inda zai jefa mutum, akan soka masa fensir a gashi: in ya maƙale, ba fari ba ne.

Kada mu ɗauka abin na nesa ne ƙwarai. Shin ko kun san a nan Nijeriya ma dokar birane ta zamanin Gwamna Lugga, ta 1917, ta tanadi a bar fili mai faɗin yadi 440 tsakanin unguwar Turawa da ta 'yan ƙasa? Sun fake da sauro da zazzaɓi. Tsarin da ya ba mu unguwar Turawa a gefe, Sabon Gari a gefe, Tudun Wada a gefe, birni a cikin ganuwa, ke nan. Sai bayan abin kunyar da ya faru a otal ɗin Bristol na Legas a 1947, inda aka hana Ivor Cummings ɗaki saboda baƙi ne alhali babban jami'i ne daga ofishin mulkin mallaka na Landan, sannan gwamnati ta hana wariya a wuraren jama'a. Mu namu ya zo da sauƙi domin Bature bai zo da niyyar zama ba. Can kuwa ya zo da iyalinsa, ya kafa gona, ya ce ƙasar tasa ce.

Shin ko kun san malaminsa na farko mai shara ne? Sunansa Charlie Mzila, yana aikin goge-goge a wani gidan bene a unguwar Yeoville. Clegg yana da kimanin shekara 14 ya ji shi yana kaɗa jita a bakin titi, da wani irin ɗauri na tsirkiya da bai taɓa ji ba. Ya tsaya, ya roƙa a koya masa. A nan nake ganin duk labarin ya ta'allaƙa. A ƙasar da aka tarbiyyantar da kowane yaron Bature cewa baƙin mutum boyi ne, wannan yaro ya mai da kansa almajiri, mai shara ya zama malam. Mzila ya koya masa kiɗa, ya koya masa harshe, ya ja shi zuwa ɗakunan masu aikatau da ke saman benaye da gidajen kwanan leburori, inda ake taka rawa ranar Lahadi. Can ya koyi rawar nan ta ɗaga ƙafa sama da kai a buga ta ƙasa, ya kuma koyi wasan sanda na samarin Zulu.

Shin ko kun san kiɗan da ya koya kiɗan 'yan ci-rani ne? Maskandi ake ce masa. Maza ne da suka baro ƙauyukan Natal suka zo haƙar zinariya da gadi da aikin lambu, aka hana su zuwa da matansu, aka jibge su a ɗakuna masu gadajen siminti, suna ganin gida sau ɗaya a shekara. Suka sayi jitar Bature mai araha, suka kwance ɗaurinta suka sake ɗaure ta yadda za ta yi maganar kiɗan bakan da iyayensu mata ke kaɗawa a ƙauye. Suka ɗauki konsatina, 'yar abin kiɗa mai zugazugi a tsakiya da maɓallai a gefe biyu, suka sauya mata zubin maɓallai. Ashe tun kafin a haifi Clegg, Zulu sun riga sun yi gaurayen, da hannunsu, bisa sharaɗinsu. John Bhengu, wanda aka fi sani da Phuzushukela, yana cikin waɗanda suka fara sa salon a faifai.

Waƙar maskandi takan buɗe da 'yar guje-gujen yatsu a kan tsirkiya, domin makaɗi ya nuna gwanintarsa kafin ya buɗe baki. Can tsakiyar waƙa kuma sai ya tsaya da rerawa ya ɓarke da magana da sauri: ya faɗi sunansa, da na ubansa, da sarkin da yake bi, da dutsen garinsu, da kogin da yake shan ruwansa. Duk wanda ya taɓa tsayawa a filin dambe ya ji ɗan dambe ya karɓe kalangu ya yi wa kansa kirari, ya san wannan abu. Ku duba mutumin da duk mako ake kiransa da lambar takarda, uwar gida 'yar shekara ashirin tana ce masa yaro, ranar hutu ya miƙe ya jero kakanninsa. Wannan kiɗa ba na nishaɗi kawai ba ne, mutunci ne ake ƙwatowa.

Shin ko kun san abokin tafiyarsa da niyyar kunyata shi ya zo? Sipho Mchunu, haifaffen yankin Kranskop a 1951, mai aikin lambu ne a gidan wasu masu hali a Johannesburg. Ya ji labarin wai akwai ɗan Bature mai kaɗa jitar Zulu, ya zo ya gwada shi. Gasa ta rikiɗe ta zama abota ta shekara hamsin. Sipho ya kai shi ƙauyensu, dangi suka karɓe shi. Suka fara fita da sunan Johnny da Sipho, suka saki waƙar Woza Friday a 1976, shekarar da aka harbe 'yan makarantar Soweto. A 1979 suka fitar da faifan Universal Men da sunan Juluka, sunan wani bijimin Sipho, faifan da kusan dukkansa kan rayuwar ɗan ci-rani yake, mutumin da ke raye tsakanin gida biyu.

Ina so a riƙe sunan Sipho da kyau, domin duniya ta fi son labarin Baturen. In an kama su tare, Clegg ɗan gata ne mai uwa da za ta zo caji ofis ta karɓe shi. Sipho kuwa takardar izinin zamansa a birni ce a kan layi, da aikinsa, da abincin iyalinsa a ƙauye. Wanda ya fi kasada shi ne aka fi mantawa.

Shin ko kun san gidan rediyon gwamnati ya raba harsuna kamar yadda aka raba unguwanni? Daga 1960 aka kafa tashoshin da ake kira Rediyo Bantu, Zulu da tasu, Xhosa da tasu, Sotho da tasu, kuma ba a yarda waƙa ta haɗa harshe biyu ba. Manufar ita ce kowace ƙabila ta ɗauki kanta ƙasa daban, kada su haɗa kai. Clegg ya sha ba da labarin yadda aka ƙi sa Woza Friday saboda ta cusa kalmar Ingilishi cikin Zulu, wai cin mutuncin harshen ne, kuma Bature ne yake yanke wannan hukunci a madadin Zulu. A ɗakin ajiyar faifai na gidan rediyon, waƙar da aka haramta akan karce ta da ƙarfe mai tsini a jikin faifan, domin ko mai gabatarwa ya yi taurin kai allura ba za ta bi ta ba.

To ina suka yi wasa? A jami'o'i, da zaurukan coci, da gidajen kwanan leburori, da ofisoshin jakadanci, da falon mutane. 'Yan sanda sukan shigo da karnuka da barkonon tsohuwa su watsa taro ana tsakiyar waƙa. Faifan kuwa yana tafiya daga hannu zuwa hannu, baki ya yi masa tallan da rediyo ta ƙi yi.

Shin ko kun san malamin jami'a ne? Ya karanta ilmin nazarin al'ummomi da al'adunsu a Jami'ar Witwatersrand, ya koyar a can, ya yi rubuce-rubuce kan kiɗa da rawar Zulu, kafin ya ajiye alli ya rungumi jita. Kiɗan gargajiyar mutanen Ailan da Sikotilan da ya taso yana so, da kiɗan rok, su ya ɗora a kan maskandi.

Shin ko kun san waƙarsu Impi, ta faifan African Litany na 1981, kan yaƙin Isandlwana take? Ranar 22 ga Janairu, 1879, rundunar Sarki Cetshwayo, akasari da māsu da garkuwar fata, ta murƙushe sansanin sojan Ingila, aka kashe sama da mutum 1,300 a ɓangaren Turawa. Shekara 24 ke nan kafin Kano da Sakkwato su faɗi a 1903. Ɗan Ingila ne ya tsaya gaban Turawa yana waƙe ranar da aka kunyata kakanninsa.

A 1985 Sipho ya ce ya gaji da yawon duniya, ya koma Kranskop wajen shanunsa da gonarsa. Juluka ta watse ba tare da faɗa ba, sun ma sake haɗuwa sun yi faifai ɗaya a 1997. Clegg ya kafa Savuka a 1986, shekarar da aka ƙaƙaba dokar ta-ɓaci a ƙasar baki ɗaya, tare da makaɗi kuma ɗan rawa Dudu Zulu.

Shin ko kun san waƙarsa mafi shahara ta fito ne lokacin da buga hoton Mandela laifi ne? Asimbonanga, ta 1987, ma'anarta ba mu gan shi ba, kuma gaskiya ce tsagwaronta: an tsare Mandela tun 1962, yaran da suka yi boren Soweto ba su san kamanninsa ba. Waƙar ta ambaci sunansa a fili, ta kuma kira sunayen mutum uku da suka mutu a gwagwarmaya. Steve Biko, wanda ya rasu a hannun 'yan sanda ranar 12 ga Satumba, 1977. Neil Aggett, likita farar fata mai aikin ƙungiyar ƙwadago, wanda aka tsinci gawarsa a ɗakin tsaro a 1982. Victoria Mxenge, lauya, wadda aka kashe a ƙofar gidanta a Umlazi a 1985. An haramta waƙar a rediyo. A Faransa kuwa ta kama kamar wutar daji, har suka laƙaba masa Farin Bazule, ya riƙa cika filayen da manyan taurarin Amurka ke cikawa. Waƙar Scatterlings of Africa kuma ta shiga fim ɗin Rain Man na 1988.

Mutuwa ba ta tsaya a cikin waƙa ba. Ranar 1 ga Mayu, 1989, aka bindige David Webster, malaminsa kuma abokinsa a jami'a, a ƙofar gidansa, kuma daga baya kotu ta ɗaure wani ɗan kisan gilla na hukumomin tsaro kan laifin. A 1992 aka harbe Dudu Zulu a mahaifarsa, cikin rikicin da ke cin yankin a lokacin. Bayan faifan da ya biyo baya, Savuka ba ta sake tashi ba.

Shin ko kun san 'yan Arewa sun riƙe ragamar yaƙin duniya da wariyar? Kwamitin musamman na Majalisar Ɗinkin Duniya kan yaƙi da wariyar launin fata ya daɗe a hannun 'yan Nijeriya. Alhaji Yusuf Maitama Sule, Ɗanmasanin Kano, ya shugabance shi a farkon shekarun 1980. Bayansa sai Janar Joseph Garba, daga 1984 zuwa 1989. Mutumin Langtang ne, kuma wanda ya tsaya a bakin titi a Akurba ta Lafiya ya san motocin Shendam, daga can Langtang ba nisa. A lokacin duk jiharmu ɗaya, Filato, domin sai ranar 1 ga Oktoba, 1996 aka yanke Nasarawa. Tun kafin su, Abubakar Tafawa Ɓalewa yana cikin waɗanda suka matsa har Afirka ta Kudu ta fice daga ƙungiyar ƙasashe renon Ingila a 1961. Janar Murtala ya yi jawabinsa na Addis Ababa ranar 11 ga Janairu, 1976. A shekarar aka buɗe asusun tallafa wa kudancin Afirka, ma'aikata suka sa daga albashinsu, 'yan makaranta suka sa daga kuɗin tara. A 1979 gwamnati ta ƙwace kadarorin kamfanin mai na BP. Mawaƙanmu ma ba su yi shiru ba: Sonny Okosun ya yi Fire in Soweto, Majek Fashek ya yi tasa ta neman a saki Mandela.

Ga inda labarin ya ɗaure. Majalisar Ɗinkin Duniya ta yi kira a 1980 da a ƙaurace wa Afirka ta Kudu a fagen al'adu, aka buɗe kundin sunayen mawaƙan da suka je can wasa. Ƙauracewar daidai ce, ta kuma yi aiki. Amma ƙungiyar makaɗan Birtaniya ta ɗauki ƙa'idar ba sassauci, ta kori Clegg daga cikinta saboda yana wasa a Afirka ta Kudu, wato a gidansu. Sakamakon haka, ranar 11 ga Yuni, 1988, da aka yi gagarumin bikin cikar Mandela shekara 70 a filin Wembley na Landan, wanda ya rera Asimbonanga bai hau dandamali ba. A gida gwamnati ta rufe masa rediyo, a waje abokan gwagwarmaya sun rufe masa ƙofa. A watan Satumban shekarar, taron da kwamitin Garba ya shirya a Atina ta Girka ya amince cewa akwai mu'amalar al'adu da ke raunana wariya, bai kamata a haɗa ta da masu zuwa cin kuɗin gwamnatin ba. An gyara, amma biki ya riga ya wuce.

Hakkinsa ya dawo ta wata hanya. A ƙarshen shekarun 1990, yana rera waƙar a Frankfurt ta Jamus, sai ga Mandela da kansa ya fito daga bayan dandamali yana taka rawa a hankali, Clegg bai san da zuwansa ba. Da waƙa ta ƙare, dattijon ya ce a maimaita, domin bai ga jama'a sun motsa yadda yake so ba. Hoton yana nan a intanet.

Shin ko kun san mu ma muna da wanda ya ɗaura auren Hausa da kayan kiɗan Turawa? Bala Miller, ɗan gidan Miller na Zariya, ya tara makaɗa masu ƙaho da jita da ganguna a Kaduna, ya rera Ikon Allah da Hausa tsantsa, ya riƙe shirinsa a talabijin na ƙasa, ya rasu a 2003. Ɗanmaraya Jos kuwa, da kuntiginsa mai tsirkiya ɗaya, ya waƙe karen mota da talaka har duniya ta san shi. Ba wanda ya aiko musu da karnuka, kuma wannan ni'ima ce da ya kamata mu san darajarta.

Abin da ya fi tsaya mini, ina kallon Lafiya, shi ne alƙiblar koyon. Garin da Barebari suka kafa ne, ga Eggon, ga Alago, ga Gwandara, ga Migili, ga Tibi, ga Fulani, ga Hausawa, kasuwa ɗaya muke ci. Kowa ya iya Hausa. Yaron Eggon a Akurba yana yin ta kamar a bakinsa aka ƙera ta. Amma Bahaushe nawa ne, wanda aka haifa a nan, ya tsufa a nan, zai iya gaisuwar safe da Eggon ko Alago, balle ya rera waƙar bikinsu? Mun saba a taso a same mu. Ba wariya ba ce irin ta doka, Allah ya kiyaye, amma jihar da ta ga tashin hankalin 2013 ta san abin da rashin sanin juna ke haifarwa. Masu ɗakunan ɗaukar waƙa na Lafiya suna da harsuna fiye da biyar a bakin ƙofarsu, da kiɗan da ba a taɓa jin sa a Kano ko Legas ba, amma yawanci sautin Indiya ko na Legas ake kwaikwayo. Wanda zai shiga wannan fage sai ya yi yadda aka yi a Yeoville: ya nemi mai abin, ya zauna ƙasa, ya daɗe, ya kuma sa sunan malaminsa a gaba in kuɗi sun zo.

Shin ko kun san ƙasashe uku sun karrama shi? Faransa a 1991, Afirka ta Kudu da lambar Ikhamanga a 2012, Birtaniya a 2015. A 2015 ɗin aka gano yana da cutar daji. Maimakon ya kwanta, ya shirya zagayen ban-kwana a 2017, ya bi ƙasashe yana ɗaga ƙafa gwargwadon ƙarfin da ya rage. Ya rasu a Johannesburg ranar 16 ga Yuli, 2019, yana da shekara 66. Littafin tarihin ƙuruciyarsa ya fito a 2021.

Shin ko kun san inda ake jin Impi a yau? A filin wasan zari-ruga, wasan da ya kasance tutar Turawan Afrikana a zamanin wariya. Da ita ake raka 'yan wasan ƙasar in za su shiga fili a gida. Kyaftin ɗinsu baƙar fata na farko, Siya Kolisi, ya ɗaga kofin duniya a Japan ranar 2 ga Nuwamba, 2019, ƙasa da wata huɗu bayan rasuwar Clegg, ya kuma sake ɗaga shi a Faransa a 2023.